Katin Aurena a Aljihun Baffa

A shekarar da zan yi aure ina koyarwa a wata firamare a Malumfashi, aji uku aka ba ni. Shekara biyu ke nan da fitowata daga kwalejin horon malamai. Ina da keke, ina da agogon hannu, ina kuma ganin babu abin da ya shige mini duhu a duniya. Yarinyar da zan aura 'yar Bakori ce, mun daɗe da fahimtar juna, iyaye sun amince, aka sa rana bayan an gama kai auduga kasuwa, domin lokacin ne manoma ke samun sarari.

Mahaifina ya rasu ina ɗan shekara bakwai. Wansa ne ya riƙe mu, ni da mahaifiyata da ƙannena, kuma shi ne zai karɓa mini aure. Baffa muke ce masa. Manomi ne na dawa da auduga, ya sauke Alƙur'ani, yana rubuta ajami mai kyau, amma bai yi boko ba. Mutum ne mai tsari. Kowace fartanya a gidanmu tana da inda ake rataye ta, kuma idan ka mayar da ita wani wuri ba zai yi maka faɗa ba, sai dai ya tashi a gabanka ya gyara. Ban taɓa jin ya ɗaga murya ba. Da mai faɗa ne da abin da zan ba da labari ya zo mini da sauƙi.

A unguwarmu a lokacin, goro ne gayyata. A ba tsofaffin mata su zagaya gidaje, a kuma faɗa wa maza a masallaci. Ni kuwa na ga katin aure a wurin wani malamin makarantarmu, Kirista, da ya yi aurensa a coci a bara. Fari ne, da zare mai ruwan zinariya a gefe, da sunansa da na amaryarsa an buga da inji. Tun ranar na ƙudurta cewa nawa auren ma sai da kati.

Wata Asabar na hau lori zuwa Funtua. Kusa da tashar jirgin ƙasa akwai wani Bayarabe mai ƙaramin injin buga takardu, wanda ake juyawa da hannu. A garin aka haife shi, Hausa a bakinsa kamar ta kowa. Na rubuta masa abin da nake so, ya gyara mini wuri biyu, sannan ya tambaye ni abin da za a sa a sama. Ya ce Kiristoci yakan sa musu hoton ƙararrawa, Musulmi kuma yana da Bisimilla da harufan Larabci, an sassaƙa ta da kyau. Ya buga mini ita a wata 'yar takarda na gani. Ban yi wani tunani ba na ce a sa.

Bayan mako guda na koma na karɓo. Guda sittin ne, ya jera su a cikin wani babban ambulan mai ruwan ƙasa. A lori na rungume shi a ƙirji har Malumfashi, ina ɗan buɗewa ina shaƙar warin tawada. Na riga na rubuta sunayen waɗanda zan ba, na kuma ware waɗanda za a aika wa ta gidan waya.

Ladabi ne ya ja mini. Na ga bai kamata wani ya ga katin ba kafin wanda ya riƙe ni. Bayan la'asar na same shi a zaure yana gyaran igiya, na durƙusa na miƙa masa. Ya goge hannunsa a riga, ya zaro guda, ya nisanta shi da idonsa, ya karanta Bisimillar. Sannan ya ce in karanta masa sauran. Na karanta cewa iyalan marigayi wane da iyalan Malam wane na Bakori suna farin cikin gayyata zuwa ɗaurin auren 'ya'yansu. Ya ce in nuna masa inda sunan ƙanensa yake. Na sa yatsa na nuna. Ya daɗe yana kallon wurin. Daga nan ya mayar da katin, ya bubbuga ambulan ɗin a gwiwarsa har bakin katunan ya daidaita, ya ninke murfin, ya zura a aljihun gaba na babbar rigarsa. Ya ce Allah ya sa albarka, zai ajiye.

Na ɗauka zuwa gobe yake nufi.

Washegari da na je karɓa, sai ya tambaye ni abin da mutum yake yi da katin idan ya gama karantawa. Na ce ajiyewa yake yi. Ya ce a ina. Na ce a akwati, ko a cikin littafi. Ya ce wa ya gaya mini. Ya ce shi da idonsa ya ga ana naɗe ƙosai a kasuwa da takardun 'yan makaranta, ya ga takarda a kwata, ya ga akuya tana tauna wata a bakin masallaci.

"Sunan Allah ne a sama," in ji shi, "sunan ɗan'uwana a ƙasa. Shi kake so in raba wa mutane su bi ta kai?"

Na ce Baffa, ai don a raba aka buga. Na ce waɗanda zan ba mutane ne masu hankali, malamai ne da ma'aikata. Ya ce masu hankali ma suna da yara a gida. Ya ce kada in damu, ba za a yi asarar aikin ba. Duk wanda nake so ya ga kati zai gani, shi da kansa zai kai masa. Goro kuma za a raba kamar yadda aka saba.

Haka kuwa aka yi. Kullum bayan la'asar sai ya sa wankakkiyar riga, ya ɗauki ambulan, ya fita. Idan ya isa wurin mutum, a gaisa, ya zaro kati ya miƙa masa. Mutumin ya riƙe da bakin yatsu, ya juya, ya yaba, Baffa ya gaya masa rana da wuri, sannan ya miƙa hannu a mayar masa. Da yake na gaya masa kowa da nasa katin, ba ya nuna wa mutum biyu guda ɗaya. Wanda aka gani sai ya koma baya, ya zaro sabo daga gaba.

Abin da ya ƙara ba ni haushi shi ne mutanen unguwa sun ji daɗin abin. Duk inda na bi sai a tare ni a ce Baffa ya zo da kansa, an ga takardar, kai, aiki ya yi kyau. Wani tsoho mai sayar da gishiri ya ce shi tunda yake ba a taɓa girmama shi haka ba. Ni kuwa ina murmushi, raina yana tafasa.

Wata Laraba da safe ina cikin koyar da lissafi, na hango Baffa ta taga ya nufi ofishin hedimasta. Hedimastanmu mutumin kudu ne, mai tsare gida, ba ya son a ɓata masa lokaci. Ba a jima ba aka aiko in zo. Na tarar da Baffa zaune a kan benci, hannuwansa a kan gwiwa, hedimasta kuma yana tsaye yana kallonsa. Ashe ya karɓi katin, ya yi godiya, ya jefa a aljihun tebur ya rufe. Suka yi sallama har sau biyu, Baffa bai tashi ba. Hedimasta ya tambaye ni da Turanci ko tsohon yana da wata buƙata ne. Ni ma da Turanci na amsa, ina kallon ƙasa, na ce katin yake jira a mayar masa. Ya ce in maimaita. Na maimaita. Bai yi dariya ba, na kuwa gode masa da hakan. Ya buɗe aljihun tebur, ya ɗauko, ya miƙa da hannu biyu. Baffa ya hure katin, ya mayar da shi bayan 'yan'uwansa, ya tambayi inda sauran malamai suke.

Kafin a tashi ranar kowa ya ga nasa, kowa ya mayar. Daga nan na zama abin zolaya. Ɗaya ya ce ko sai sun sa hannu kafin a sake nuna musu, wani ya ce ya manta ranar, in roƙa masa Baffa ya dawo. Katin aro suka riƙa kiransa har ƙarshen zangon.

Na je wurin mahaifiyata. Ni ne ɗanta na fari, saboda haka ba ta kiran sunana, ba ta kuma cika kallona idan muna magana. Na same ta tana kaɗi a inuwar rumbu, na zayyana mata komai. Ta bari na gama, ba ta daina murza mazari ba. Ta ce tun da mahaifina ya rasu ba ta taɓa jayayya da mutumin nan ba, ba kuwa a kan takarda za ta fara ba. Ta ce in ci abinci.

Na je wurin limamin unguwa. Ya ce shi bai ga laifi a raba ba, muddin za a gaya wa mutane su adana. Na yi murna, na roƙe shi ya yi wa Baffa magana. Kwana biyu bayan nan na koma jin yadda suka yi, sai ya ce Baffa ya zo ya nuna masa nasa, sun tattauna, kuma gaskiya taka-tsantsan ɗin da yake yi ya fi. Na fito ban ko yi masa sallama sosai ba.

Na dawo da wata dabara. Na ce wa Baffa a kawo reza in yanke saman kowane kati, a tara Bisimillar a ajiye, a raba sauran. Ya ce wato in cire sunan Allah daga aurena da hannuna. Ya ce kuma in na yi haka, sunan ƙanensa fa? Na sake hawa lori zuwa Funtua don a buga mini wasu ko da kaɗan ne, ba tare da komai a sama ba. Na tarar da shagon a kulle. Maƙwabcinsa ya ce ya tafi garinsu bikin Kirsimeti da iyalinsa, sai bayan sabuwar shekara da makonni. Na tsaya a bakin ƙofar ina kallon kwaɗon kamar zai buɗe da kansa.

A Bakori ma abin bai bar ni ba. Baffa ya je ya nuna wa surukaina maza, amma bai ga dalilin da zai sa a shigar da kati cikin gida ba. Ranar da na je zance, yarinyar ta zauna a gefen tabarma ta ƙi sakin fuska. Da na matsa, ta ce ta gaya wa ƙawayenta za a kawo musu kati, kullum suna tambaya, har sun fara cewa ƙarya take yi.

"An ce an buga sunana a takarda," in ji ta, "kowa ya gani, ni kaɗai ce ban gani ba."

Na yi mata bayani. Ta saurara, ta ce to. Irin "to" ɗin da ba ya nufin an yarda.

Amma duk wannan mai sauƙi ne. Abin da ya fi ci mini rai shi ne abokina. Tare muka yi kwaleji, ɗakinmu ɗaya shekara uku, lokacin da na yi zazzaɓi mai tsanani shi ya yi jinyata. Bayan mun gama aka tura shi wani ƙauye can gaba da Musawa. Wata biyu kafin nan na rubuta masa cewa an kusa sa rana, amma ba zan faɗa masa a wasiƙa ba, ya jira zai ga abin mamaki. So nake ya buɗe ambulan ya ga sunana an buga da inji. Saboda wannan burin na ƙi rubuta masa ranar, kullum ina cewa gobe Baffa zai sauko.

Na roƙe shi guda ɗaya tak. Na ce wannan mutum ne da na sani kamar kaina, a cikin Alƙur'aninsa zai ajiye. Baffa ya ce shi bai ƙi mutumin ba, hanyar ce bai yarda da ita ba. Wa ya san hannu nawa takarda take bi a gidan waya, da inda ake jefa buhun? Ya ce Musawa ba bangon duniya ba ce, ranar kasuwarsu zai bi lori ya kai masa da kansa. Kasuwa ta farko, baƙi suka zo daga Bakori. Ta biyu, maƙwabcinmu ya rasu, aka yi zaman makoki.

Ranar wata Juma'a na yi abin da har yanzu nake jin kunyarsa. Na bari ya fita masallaci, na shiga ɗakinsa. Akwatin ƙarfensa ba a kulle yake ba. Ambulan ɗin yana sama, an naɗe shi da farin ƙyalle. Na warware, na zaro guda. Sai na ga a bayan ambulan ɗin ya jera sunaye da ajami, ƙanana, duk wanda aka nuna wa an rubuta shi, na hedimasta ma yana ciki da yadda Baffa yake furta shi. Na gane ya san adadinsu kamar yadda ya san awakinsa. Na tsaya da katin a hannu. Daga ƙarshe na mayar, na naɗe, na rufe akwatin, na ruga masallaci na sami sahun baya.

Da yamma muna cin tuwo, bai ɗago kai ba, ya ce wanda ya taɓa ambulan ɗin nan bai iya jera takarda ba.

Saura kwana takwas na haƙura na rubuta wa abokina wasiƙa da hannu, a takardar da na yago daga littafin aji. Na san yadda wasiƙa ke zuwa ƙauyensu. Sai ta kwana a Musawa har a sami wanda zai shiga can.

An ɗaura aure lafiya. Jama'a ta taru fiye da yadda na zata, malaman makarantarmu duk sun zo, hedimasta ma ya zo da babbar riga da ya aro. Mutane suna ta yi wa Baffa barka. Ni kuwa duk ƙarar mota da na ji sai na waiga. Abokina bai zo ba.

Bayan mako biyu na sami amsarsa, layi uku. Ya ce wasiƙata ta same shi kwana biyu bayan biki, Allah ya ba da zaman lafiya. Ko gaisuwar da muka saba yi wa juna bai sa ba. Ranar Asabar na hau keke tun da sassafe na nufi ƙauyen, na isa rana ta take. Ya karɓe ni, ya kawo ruwa da fura, ya tambayi amarya. Na ba shi labari tun daga Funtua har zuwa akwatin ƙarfe. Ya saurara har na gama, sannan ya ce ya haɗu da wani malamin makarantarmu a kasuwar Musawa, wanda ya gaya masa ya ga katin da idonsa, ya riƙe shi da hannunsa, har da zaren zinariya a gefe.

"Manya sun sami kati," in ji shi, "ni na sami takardar littafin aji. Ba komai, ya wuce."

Na rantse masa babu wanda ya kwana da katin nan. Ya yi murmushi ya ce wane irin mutum ne zai buga kati sittin ya hana rabawa. Na ce Baffana. Ya ce in sha furar kada ta tsinke. Da zan tafi ya raka ni bakin gari kawai ya juya, alhali da can sai mun yi tafiyar mil guda muna hira.

Na iso gida gab da magariba, na tarar da Baffa a zaure. Ranar ce kaɗai a rayuwata na yi masa magana a tsaye. Na ce ya sa na zama abin dariya a wurin aiki, ya sa matata ta shigo gidana tana ganin ni maƙaryaci ne, yanzu kuma ya raba ni da abokin da ba ni da kamarsa. Na san ana jina a cikin gida. Ya bari na yi shiru don kaina. Sannan ya ce in zauna. Ya ce maganar makaranta da ta Bakori bai ga abin da ya yi ba daidai ba. Amma ta Musawa laifinsa ne, domin ya ce zai je bai je ba, kuma zai gyara.

Na ce to ya ba ni katin in aika masa. Ya ce a'a.

Ranar kasuwar Musawa ya bi lori da asuba. Daga can ya taka da ƙafa zuwa ƙauyen, dattijo mai shekara sittin da wani abu, a cikin rana. Bai dawo ba sai washegari, ƙafarsa ta kumbura, mahaifiyata ta dafa masa ruwan zafi tana hararata ta gefen ido. Na tambaye shi yadda suka yi, ya ce lafiya lau, yaron yana da tarbiyya.

Sauran labarin a wasiƙar abokina na ji, wadda ta zo bayan kwana goma, shafi biyu cike. Ya ce yana cikin aji aka ce yana da baƙo. Ya fito ya ga dattijo ya yi buɗu-buɗu, ya ba shi haƙuri, ya ce laifinsa ne ba na ɗansa ba. Sannan ya zaro ambulan daga aljihu, ya fitar da kati sabo fil, ya miƙa masa, ya gaya masa rana da wurin ɗaurin auren da aka yi wata guda da ya wuce. Ya ce ya karanta, ya yi godiya, ya kai hannu zai sa a aljihu, sai ya ga tafin hannun Baffa a buɗe a gabansa yana jira.

Ya ce ya yarda da ni yanzu, kuma in gaya wa amarya yana nan tafe a hutun da ke zuwa. Na karanta mata wasiƙar tana tankaɗe a tsakar gida. Ta yi dariya har ta ajiye rariyar. Ni ban yi ba, domin a lokacin haushin bai sake ni ba.